Bangon Da Mai Fenti Ya Shafe

Jama'a, sallama. Kwanaki ke nan wani abu ya tsaya mini a ƙirji, ko abinci ba na jin daɗinsa. Ni ba mai zurfin karatu ba ce, ku yi haƙuri da rubutuna, ku dai karanta har ƙarshe.

Akwai wani mai fentin gidaje, abokan aikinsa suna ce masa Oga Rola, saboda rolar da yake shafa fenti da ita. Mutum ne mai son a yaba masa. Yana da mata da 'ya'ya biyu: babbar, wadda kowa ke kira Yaya, tana ajin ƙarshe na sakandare, sai Auta da ba ta daɗe da shiga firamare ba.

A bayan ɗakin girkinsu akwai wani bango kusa da inda yake ajiye bokitan fenti. Yaya ta cika shi da zane da lambobi, duk da fensir. Shi bai taɓa tsayawa ya duba ba. Lambobi kawai yake hangowa, sai ya riƙa cewa a majalisa ai shi injiniya yake reno a gida.

Wata ranar Asabar Alhajin da ke ba shi kwangila ya biyo gidan don ya zaɓi kala. Oga Rola ya ja shi har bangon, yana ta washe baki.

“Alhaji, ga aikin injiniyata. Yaya, zo ki yi wa Alhaji bayani.”

Yarinya ta fito tana murza gefen hijabinta. Ta ce wata duniya ce ta ƙirƙira, mai rana biyu a samanta, Ja da Fara. Wani lokaci ranakun sukan nufo juna za su haɗe, idan kuwa suka haɗe da zafinsu garin da ke ƙasa ƙonewa zai yi.

“Shi ne na yi musu Lissafin Tsakiya,” in ji ta. “Ka haɗa zafin biyun, ka raba da tazarar da ke tsakaninsu. In amsar ta wuce tsayin dutsen garin, akwai matsala. Kuma na gano ba sai an raba su ba. In ɗaya ta fara rage zafinta ko kaɗan ne, amsar sauka take yi.”

Alhaji ya yi dariya har da riƙe ciki.

“Rola, ashe injiniyar aljanu ce! A wace ma'aikata ake ɗaukar masu gadin rana? Kuma kai mai fenti, bangon gidanka kamar allon mahaukaci?”

Oga Rola ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Alhaji na fita, Oga Rola ko kallon yarinyar bai yi ba, ya buɗe bokiti. Ya fara da farar ƙasa, ya jira ta sha iska, ya bi da fentin mai, shafi biyu. Aiki ya yi irin na gidan masu kuɗi. Yaya tana tsaye tana kallo.

Da matarsa ta dawo ta gani, sai rigima ta tashi, dama abin bai yi musu wuya. Yana faɗa tana faɗa, murya na hawa kan murya.

Sai ga Auta ta wuce su a guje, ta nufi bangon da guntun fensir a hannu. Ta tarar da shi fari fat. Ta fasa wani irin kuka da ya katse musu faɗan.

“Ranakun sun haɗe! Yaya, babu lissafin, garin zai ƙone!”

Uban ya durƙusa. “Waɗanne ranaku, Auta?”

“Kai da Umma mana. Kai ne Ja, mai burushi a hannu. In kun fara, Yaya sai ta kawo ni nan mu yi ta lissafi har ku daina. Kullum yana aiki.”

Jama'a, sai a lokacin mutumin nan ya gane. Shekara nawa yana wucewa ta gaban bangon, bai taɓa ganin rana mai burushi ba. Yarinyar da ya ji kunyarta a gaban baƙo, ashe ita ke toshe wa ƙanwarta kunne daga hayaniyarsu.

Washegari bai je aiki ba. Ya ɗauko tina, wato ruwan narkar da fenti, da tsumma, ya ce zai cire fentin a hankali. Amma shi da kansa ya san aikin hannunsa. Duk inda fentin ya tashi, da rubutun yake tashi. Sai wani baƙin dabbare ya rage.

Ya sayo fensir kwali guda, ya sami Yaya tana wanke-wanke.

“Yaya, ga shi. Ki sake rubutawa, ni zan riƙe miki kujera.”

Ta karɓa da hannu biyu, ta yi godiya yadda ake yi wa baƙo.

“Abba, ai fensir ba ya kama fentin mai. Kai ka koya mini.”

Har yau kwalin yana kan taga, ba a buɗe ba.

Darasi: Kafin ka ji kunyar ɗanka saboda dariyar wani, tsaya ka tambaye shi me yake yi, kuma don wa yake yi. Baƙon zai tafi gidansa ya manta, kai za a bari da abin da ka ɓata. Ku tura wa duk iyayen da kuka sani.

Yanzu ga abin da ya hana ni sukuni. Oga Rola ƙanena ne. Jiya ya zo ya zauna a bakin ƙofata, kansa a ƙasa, ya ce in lallashi Yaya tunda tana jin maganar goggonta. Na san in na ce ta yafe, za ta ce ta yafe, don yarinya ce mai kunya. Amma ina tsoron a baki kawai zai tsaya. In je in yi mata magana, ko in ce masa ya fara rage nasa zafin ta gani da idonta? Don Allah iyaye 'yan'uwana, me zan yi?