Daraktan da Bai Yarda da Ciwon Ƙaninsa Ba

Ya 'yan uwa, an yi wani mutum ɗan wasan fim. Ba shi ne jarumin da ake liƙa hotonsa a bango ba. Shi ake ba matsayin munafuki, ko aminin da ke cin amana, ko maƙwabcin da ke laɓewa bayan ƙofa. Ya iya abin har mutane na tsine masa a hanya, shi kuwa yana jin daɗi.

Da tafiya ta yi tafiya ya zama darakta, yana shirya nasa finafinan. A nan cutar ta fito fili. Ya daɗe yana ƙarya da fuskarsa, sai ya ɗauka kowa ma haka yake. Matarsa ta yi murmushi, ya ce akwai abin da take ɓoyewa. Mai kyamara ya yabe shi, ya wuni yana juya maganar. Wannan rayuwa ce?

Yana da ƙane, uwa ɗaya uba ɗaya, shi ya koya masa sana'ar. Wata rana aka raɗa masa cewa an ga ƙanin a ofishin wani darakta. Bai tambaye shi ba. Ya ƙulle abin a ransa, ya zuba ido.

Sai ga ranar aiki a wani tsohon bene. Ƙanin zai hau matakala a guje, ɗauke da akwati, ga zafin fitilu. Ya hau, aka ce a sake. Ya sake, aka ce bai yi ba. Can ya jingina da bango yana haki.

"Yaya, ƙirjina. Don Allah bari in je asibiti."

"Asibiti, ko wajen sabon ubangidanka? Ni za ka yi wa wasa? Ni fa na koya maka dafe ƙirjin nan. Koma ƙasa!"

Ya koma, don bai saba musu da yayansa ba. A tsakiyar matakala akwatin ya suɓuce, shi ma ya zube. Ma'aikata suka yunƙura, daraktan ya daka musu tsawa, ya ce kada wanda ya taɓa shi, a bari a ga iyakar gwanintarsa. Ya harɗe hannu yana kallo. Sai da mai kwalliya ta ga leɓen ya sauya launi ta ƙwalla ihu. Kafin a kai asibiti, rai ya yi halinsa.

Wajen ta'aziyya ɗaya daraktan ya zo. Ya ce marigayin aron fitilu ya je nema wa yayansa, ya kuma roƙa kada a faɗa, don ya san shi da girman kai.

Yayan ya shiga ɗakin mahaifiyarsu, ya faɗi gabanta yana kuka, kuka na gaskiya. Ta dube shi ta ce, "Share hawayenka. Nan babu kyamara."

Ma'aikata suka watse, fim ɗin bai fito ba, babu wanda ya ƙara kiransa aiki.

Ya 'yan uwa, me tambaya ɗaya za ta rage shi da shi? Ba an hane mu mugun zato ba? Wallahi ina tausayin mai wannan hali, domin na kusa da shi yake fara cinyewa. In ka ji magana a kan ɗan uwanka, je ka tambaye shi tun yana da bakin amsawa.

Allah ya kiyaye mu da mugun zato, ya wanke zukatanmu a kan 'yan uwanmu. Amin.