Mai Fentin da Ya Rufe Tsatsa

An yi wani mutum a Umbadda, can yammacin Omdurman, sana'arsa fentin ƙarfe. Ba za mu kama sunansa ba, don har yanzu yana da dangi a cikinmu. Al'amarinsa ya soma ne wata ranar Talata a watan Mayu, a shekarun nan na tamanin. An yi zafi ranar, iska ta tsaya cik, tun da hantsi ƙarfe ya daina taɓuwa da hannu.

Ya 'yan uwa, mutumin nan ba jahilin aiki ba ne. Ubansa ya yi ƙwadago a gonakin auduga na Jazira, shi kuwa a birni ya tashi, ya koyi aiki a hannun gwanaye har ana ce masa Usta, wato gwanin sana'a. Ya san ba a ɗora fenti a kan tsatsa. Sai an kankare da burushin waya, an bi da sanfara, takardar nan mai kaushi, har ƙarfen ya yi fari, an goge maiƙo da tsumma. Sannan a shafa salaƙon, jan fentin nan mai kauri da ke hana tsatsa, a bar shi ya kwana, a sake shafawa, ya sake kwana. Bayan haka ne ake ɗora launin da mai kaya yake so. Duk ya san wannan.

A wannan Talatar an kawo masa ƙofofin shago guda uku, tsofaffi, tsatsa ta ci gindinsu. Ya ɗauki burushi ya goga kaɗan, gumi ya rufe masa ido. Ya zauna a inuwa ya dubi ƙofofin, ya dubi rana. Da ya tashi, gwangwanin koren fenti ya buɗe, ya tsinka shi da kananzir, ya malala a kan tsatsar yadda take. Kafin la'asar sun bushe suna ƙyalli. Mai shago ya zo ya ce, "Ma sha Allah, Usta, hannunka da sauri!"

Shekara ta zagayo, ba abin da ya faru. Ta biyu ma haka. Ƙasarmu busasshiya ce, daminarta 'yan makonni, tsatsa tana tafiya a hankali a ƙarƙashin fenti, ba mai gani. Mutumin ya ce a ransa, ai nan ba Bur Sudan ba ce, da iskar teku ke cin ƙarfe; wahalar banza tsofaffin gwanaye suke sha.

Daga nan ya mai da abin sana'a. Ƙofofi, tagogi, gadajen ƙarfe, duk rana ɗaya yake gamawa, ya karɓi ladan cikakken aiki. Ya ajiye wani tsohon gwangwanin salaƙon a bakin shagonsa, jan ya zuba a jikinsa ya bushe, don mai wucewa ya gani. A gefen kowace ƙofa kuma, wajen da idon mai kaya zai fara sauka, yakan ɗan shafa ja da yatsa. Wa ya koya masa wannan? Ba kowa. Zuciya idan ta saba da ha'inci, ita ke koyar da mai ita.

Yana da mata, sunanta Fatna, da 'ya'ya mata biyu. Yayan Fatna, Ƙasimu, masunci ne a Jabal Awliya, kusa da madatsar Farin Nilu. A lokacin masunta sun fara barin jiragen katako suna komawa na ƙarfe. Ƙasimu ya sayi wani tsohon jirgin ƙarfe, ya aika aka kira mijin ƙanwarsa.

Ya same shi a bakin ruwa, an kife jirgin a kan duwatsu. Ƙasimu ya riga ya sayo komai: salaƙon, da baƙin fenti mai kwalta na ɓangaren da ke zama cikin ruwa, da shuɗi na sama.

Ƙasimu ya ce, "Usta, na ba ka ƙanwata ba ka dawo da ita ba. To ga jirgina ma, ka riƙe shi kamar yadda ka riƙe ta."

Mutumin ya yi dariya ya ce, "Yaya, ba ka ga ta ƙi tsufa ba? Duk shekara nake sabunta mata fenti."

"To shi dai ka fara da na ƙasa. Ruwa ba ya jin wasa."

Ƙasimu ya bi abokansa kamun kifi can kudu, kwana biyar. Mutumin ya rage shi kaɗai da jirgin. Ya sa aka birkice masa shi, ya ɗaga katakan da ake takawa. Abin da ya gani a ƙasa tsatsa ce mai kauri kamar ƙanzon tukunya. A tsakiya, kusa da ɗinkin walda, ya danna ƙarfen da babban yatsa, ƙarfen ya lotsa.

Ku tsaya nan, ya 'yan uwa. Ya gani da idonsa. Ya san wurin nan sai an yanke, mai walda ya sa sabon fallen ƙarfe. Ya san kankarar kaɗai aikin mako guda ce, a durƙushe, cikin rana, ga ayyuka na jiransa a Umbadda. Me zai rasa in ya jira Ƙasimu ya faɗa masa? Kwana bakwai.

Bai jira ba. Ya cike wurin da ma'ajun, irin wanda ake toshe ramin jikin mota da shi, ya lailaye. Ya shafa baƙi a waje, shuɗi a ciki, ya ɗan ja jan layi a bakin jirgin. Gwangwanayen salaƙon kuwa ya sa su a buhu, ya ba wani direban lori ya kai masa shago. Kwana biyu ya gama, sauran kwanakin ya yi su a rumfar masu shayi, don Ƙasimu ya ɗauka aikin ne ya riƙe shi.

Ƙasimu ya dawo ya zagaya jirgin yana shafa shi. Ya ce, "Ka sa jan?"

Mutumin ya ce, "Wallahi, Yaya, sau biyu."

Abin da bai lissafa ba shi ne gishiri. Ya ɗauka Nilu ruwan daɗi ne, ba zai yi saurin cin ƙarfe ba. Amma masuntan Jabal Awliya, idan suka yi nisa da gida, a cikin jirgi suke barbaɗe ƙananan kifi da gishiri don fasikh, kifin da ake adanawa da gishiri. Ruwan gishirin ya riƙa tsiyaya ta tsakanin katakai, ya kwanta a ƙasa, dare da rana, a kan ƙarfen da ba shi da kariya. Abin da tsatsa ke yi wa ƙofar Umbadda a shekara goma, ta yi wa jirgin nan a wata goma sha huɗu.

Wata Juma'a da safe, a ƙarshen damina, ruwa ya cika bayan madatsa har ɗaya gaɓar ba ta ganuwa sosai. Ana suna a ƙetare, 'yar Ƙasimu ta haihu. Fatna ta zo tun Laraba. Mijinta bai zo ba, ya ce aiki ya riƙe shi. Mutum goma sha ɗaya suka shiga jirgin, yawancinsu mata, da tukwane da kwanukan abinci. Da suka kai tsakiya iska ta taso, igiyar ruwa ta riƙa dukan gindin jirgin. Ba dutse suka buga ba, ba kaya suka yi yawa ba. Ƙasan jirgin ne kawai ya buɗe a ƙarƙashin ƙafafunsu.

Masunta da ke kusa suka tsamo bakwai, har da Ƙasimu. Huɗu sai gawa.

Bayan kwana uku aka jawo jirgin da igiyoyi. Mutanen zaman makoki suka taso suka kewaye shi, mutumin yana cikinsu. Wani tsoho mai gyaran jirage, Mika'ilu, ya durƙusa ya zaro wuƙa ya kankari bakin ramin. Shuɗin ya ɓallo falle guda kamar ɓawon albasa. Ya matsa gaba ya kankara, ya koma baya ya kankara. Ya ɗago ya ce, "Jama'a, jirgin nan bai taɓa ganin salaƙon ba."

Ƙasimu bai ɗaga murya ba. Ya dubi mijin ƙanwarsa ya ce, "Usta, ka ce sau biyu."



Ba a kai shi kotu ba. Ƙasimu ya ce ya bar shi da Wanda ya rantse da sunansa. Amma labari ya riga shi isa Umbadda. Mutane suka riƙa fito da makullai suna kankarar ƙofofinsu, kowa ya kankara sai ya ga tsatsa. Ba wanda ya sake kawo masa ko kujera. 'Ya'yansa suka ƙi zama da shi, suka koma wajen dangin uwarsu. Ya rufe shago, ya koma dako a kasuwa. Shekara shida ya yi a haka, ya rasu a ɗakin haya.

Ya 'yan uwa, darasin a fili yake. Jinkirin da Allah ke yi wa mai ha'inci ba yarda ba ce. Mutumin nan ya ga shekaru sun wuce ba abin da ya same shi, sai ya ɗauka ba laifi. Mai kaya ba ya ganin abin da ke ƙarƙashin fenti, shi ya sa ya ba ka amana. Kai magini, kai mai walda, kai mai gyaran birki, ka san wa zai dogara da aikinka gobe? Shi ma bai sani ba.

Ga abin da aka rasa. Fatna, matarsa. Gogo, mahaifiyarta. Kubra, matar Ƙasimu. Wata maƙwabciyarsu, Ni'mat, da cikin wata bakwai. Jirgi ɗaya, shago ɗaya, gida biyu. Abin da ya tsira da shi: hutun kwana bakwai da gwangwani huɗu na jan fenti.

Allah ya kiyaye mu da ha'inci a aikin hannunmu, ya kiyaye mu da rantsuwa a kan ƙarya. Amin.