Zanen Kurege Mai Mayar da Jiya

Ga wata nan tafe, ku matso ku ji ta.

A shekarar da gyaɗa ta ƙi, yunwa ta kama Kurege har iska tana kayar da shi. Noma ba ya so, roƙo kuma ya ce ba ajinsa ba ne. Sai ya samu wani tsohon suri a hanyar rafi, ya shafe gefensa da laka sumul, ya kwaɓa jar ƙasa da toka da ruwan baba, ya tsoma jelarsa ya shiga zane. Ya zana kogi yana gudu zuwa kan dutse. Ya zana rana tana faɗuwa a gabas, da busassun ganyaye suna tashi daga ƙasa suna komawa reshe kore shar.

Ya hau kan surin yana kirari: "Ni ne Kurege mai jela alƙalami. Na ɗaure jiya a bango. Mai ciwo ya zo in mayar da shi ranar da yake lafiya."

Ɓauna ce ta fara zuwa, tana ɗingishi, da damin dawa a bayanta.

"Yaushe ƙafar ta fara, Inna?"

"Jiya da yamma."

"To shekaranjiya za ki. Kalli kogin nan har idonki ya kawo ruwa, sannan ki rufe. Amma dawar nan ta yau ce, ba ta bin mutum baya. Ajiye ta nan."

Ɓauna ta rufe ido. Kurege ya lallaɓa ƙarƙashinta, ya ga ƙaya ce a tsakanin kofato, ya sa haƙori ya zare. Ta taka ƙasa ta ji garau. Ta tafi tana musu da kowa cewa yau Talata ce, ba Alhamis ba.

Da gari ya waye, sai ga Kura da kumburin ciki da cinyar barewa. Kallo ɗaya Kurege ya gane haɗama ce.

"Kwana uku za ki koma baya, Yaya. Amma mai tafiya baya ba ya ci. In kin sa wani abu a baki, za ki maƙale tsakanin Laraba da Talata, babu mai fito da ke."

Kura ta zauna gaban zanen kwana uku tana haɗiyar yawu, shi kuwa yana bayan suri yana gasa cinyar, ƙanshi yana zagayowa. Cikin ya sace. Ta tashi tana sa masa albarka.

Da gari ya waye, sai ga Zaki, tsoho tukuf, gwiwoyi sun ƙi, gezarsa ta yi fari fat. Taku biyar, ya huta. 'Ya'yansa suka ajiye rabin gwanki suka koma.

"Ni ba jiya nake so ba," in ji Zaki. "Shekara ashirin."

Kurege ya dubi Zaki, ya dubi naman. "Ranka ya daɗe, ashirin ai nan kusa ce."

Zaki ya ƙura wa zanen ido har rana ta take, barci ya kwashe shi. Kurege ya daka gawayi ya shafe gezar ta koma baƙa ƙirin. Sai ya ga bai isa ba, ana bukatar shaida. Ya shafa toka a fuska, ya manna gemun audugar rimi, ya ɗauki sanda, ya ajiye ƙwaryar ruwa gaban Zaki, ya yi gyaran murya.

Zaki ya farka ya leƙa ruwan. Ya daɗe yana juya wuya. Sannan ya ce, "Kai kuma wane ne?"

"Ni ne Barmo, kakan Kurege," in ji shi, murya tana rawa. "Jikan nawa ai ba a haife shi ba tukuna."

"Barmo," in ji Zaki a hankali. "Wanda ya watsa mini barkono a ido ranar sunan ɗana, ya gudu da hantar ragon. Ka mutu ban kama ka ba. Shekara ashirin abin yana cina." Ya ɗora dagi a kan jelar Kurege. "Zanen nan ya gama mini komai."

Kurege ya fizge gemun. "Ranka ya daɗe, ni ne, Kurege ne. Yau yau ce. Baƙin gezar nan gawayi ne."

Zaki ya shafa wuyansa, ya dubi tafinsa. "To. In Barmo ne kai, zan cinye ka saboda barkono. In Kurege ne, saboda gawayi. Zaɓi ɗaya."

Kurege bai zaɓa ba. Ya fizge, ya bar rabin gashin jelarsa a ƙarƙashin dagin. Zaki ya kai masa mari, Kurege ya bugu da surin, ya mirgina, ya miƙe, ya cika wandonsa da iska. Zaki ya bi shi. Suka keta gonar Ɓauna, suka tsallake rafi, suka wuce Kura tana tsaye baki buɗe, har Kurege ya samu wani rami ya faɗa da ka.

Zaki ya tsaya a bakin ramin yana haki. Daga ciki, ido ɗaya a kumbure, Kurege ya ɗaga murya.

"Ranka ya daɗe, ɗazu taku biyar kake yi ka huta. Yanzu ga ka a ƙetaren rafi. Wa ya warkar da kai? A aiko mini da gwankina."

Ƙurunƙus, nan ta faɗa ramin Kurege.