Ranar da Motar Suruki Ta Ƙi Tashi

Akwai wani mai gyaran ƙwaƙwalwar mota da ake kira Injiniya. Ya iya aiki, ban hana shi ba, amma bakinsa ya fi hannunsa sauri.

Shekara uku kwamfutarsa na roƙonsa ya sabunta manhajar saita inji, shi kuwa sai ya danna "daga baya", ya ce da tsohuwar zuma ake magani.

Maƙwabcinsa Dogo, wanda sana'arsu ɗaya, duk Litinin sai ya sabunta tasa kafin ya taɓa mota. Injiniya ya riƙa leƙowa yana tsokana: "Dogo, wai kai ne oga ko kwamfutar?"

Ran nan sai ga surukin Injiniya da sabuwar mota, fitilar gargaɗin inji a kunne, kuma ƙarfe biyu zai ɗauko Hajiyarsa a filin jirgi. Injiniya ya durƙusa ya gaida shi.

"Baba, minti goma ne!"

Ya jona kebul. Kwamfuta ta yi gargaɗi cewa manhajar ta tsufa, ba ta san wannan motar ba. Ya danne gargaɗin har sau uku, ya fara tura saiti, Baba na tsaye a bayansa. Aiki ya kai rabi ya tsaya cak.

Ya murza makulli, shiru. Motar da ta zo da ƙafarta ko tari ta ƙi yi. Gumi ya karyo masa, ga kunyar suruki, ga ƙarfe ɗaya ta gota.

Haka ya sulale shagon Dogo, murya ƙasa-ƙasa: "Ɗan'uwa, rufa min asiri."

Dogo bai yi masa gori ba. Ya ɗauko kwamfutarsa ya jona, cikin rabin awa inji ya tashi lafiya lau. Har ya ƙara da cewa, "Baba, irin wannan motar dama aikin mutum biyu ce."

Baba ya yi murmushi, ya shiga mota, ya yafito Injiniya.

"Ɗana, ka manta shekara talatin na yi ina koyarwa? Rubutun nan da ka danne sau uku, sau uku na karanta shi. Ka riƙe abokin nan naka da kyau."

Injiniya ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige.

Darasi: Gwaninta ba ta hana kayan aiki tsufa. Ka sabunta naka tun ba a matse ka ba, kuma kada ka raina mai kula da nasa. Ku tura wa duk wani mai "daga baya" da kuka sani.