Jan Gishirin Baba Ludayi

Akwai wani mai girki da ya shekara ashirin da biyu a wani gidan abinci da ke bakin kasuwa. Baba Ludayi ake ce masa, don ko magana yake yi da kai, da ludayi yake nuna ka. Matarsa ma a nan take aiki, ita ke wanke tukwane a bayan kicin.

Da mai gidan abincin ya rasu, ɗansa ya gaji wurin. Baba Ludayi ya sha ɗaukar wannan matashi a kafaɗa yana ƙarami, amma da matashin ya hau kujerar mahaifinsa sai ya manta.

Wata rana da azahar, wuri ya cika maƙil, ɗan maigidan ya ɗanɗana miya ya tofar. Ya sa aka kira Baba Ludayi, ya watsa masa kwanon a ƙafa a gaban mutane.

"Tsoho, harshenka ya mutu," in ji shi. "Ka ƙarasa makon nan ka tattara naka ya naka."

Wasu suka yi dariya. Baba Ludayi ya sunkuya ya ɗauki kwanon, fatar ƙafarsa kuwa ta saluɓe.

To akwai abin da ba wanda ya sani. Gwaggonsa ta bar masa wani jan gishiri a 'yar kwalba. Idan mai girki ya barbaɗa shi a tukunya, duk abin da ya furta yana juyawa zai tabbata a kan wanda ya ci. Sau ɗaya ya taɓa amfani da shi, lokacin da matarsa ta yi wata shida a kwance. Ya sa ɗan kaɗan a romo ya yi mata fatan lafiya, kwana uku ta miƙe.

Ranar sallamarsa ya ɗora wata ƙaramar tukunya ta musamman, ya yi girkin da bai taɓa yin irinsa ba. Ya buɗe kwalbar. Abin da yatsu biyu za su ɗiba ya isa, amma da ya kalli ƙafarsa sai ya juye duka, har da karkaɗewa.

Yana juyawa yana cewa, "Wanda ya ci wannan, harshensa ya mutu. Duk abincin da hannunsa ya taɓa ya koma lami."

Ya kai da kansa, ya tsaya a bakin taga yana kallo har ɗan maigidan ya suɗe kwano.

Washegari matashin ya kurɓi shayi ya ji kamar ruwan wanka. Ya tauna barkono, kamar takarda. Buhun sukarin da ya duba da hannunsa ya zama kamar yashi, naman da ya taɓa ya zama kamar soso. Masu cin abinci suka fara turo kwanuka suna tashi. Ya kori masu girki uku a wata guda. Ya zaga asibitoci, likitoci suka ce ba su ga komai ba. Kafin wata huɗu an garƙame gidan abincin, shi kuma ya rame kamar sanda.

Kullum Baba Ludayi sai ya bi ta ƙofar wurin don kawai ya ga kwaɗon. Ya dawo gida yana murmushi, yana cewa ramuwar gayya ta fi gayya zafi.

Sai dai a gida ma abubuwa sun canza, daɗin fansa ne ya rufe masa ido. Matarsa ta daina shiga kicin, kullum da uzurinta, babbar 'yarsu ke girki. Ta daina ci tare da su. Zanenta ya fara yi mata yawa.

Wata safiya ta miƙa masa lemo da ta ɓare. Ya sa a baki, ya ji ruwa zalla. Nan take ya gane.

Ya tambaye ta tun yaushe. Ta sunkuyar da kai, ta ce ta ɓoye ne don kada ta ƙara masa damuwa a kan rashin aiki.

"Tun ranar da aka sallame ka ne, baban yara. Na zo wanke 'yar tukunyar nan, ƙamshi ya ja ni, na kankare ƙanzon na ci. Na ce girkinka na ƙarshe a wurin, bai kamata ya tafi a ruwan wanke-wanke ba."

Baba Ludayi ya ruga ya ɗauko kwalbar. Ya zuba ruwa a ciki ya girgiza, ya dafa mata romo da shi yana kuka yana roƙo. Ta sha, ba abin da ya canza. Bai rage ko ƙwaya ɗaya ba.

Har yau shi ke yi mata girki, safe da yamma, yana zuba duk gwanintarsa. Ita kuma takan haɗiye da ƙyar, ta ɗago ta kalle shi ta ce, "Ya yi daɗi, baban yara." Su biyun sun san ba gaskiya ba ne.

Darasi: Wanda ya wulaƙanta na ƙasa da shi zai gamu da sakamakonsa, amma tukunyar fansa ba mutum ɗaya take ciyarwa ba, kuma ba kai ke zaɓar wanda zai ci ƙanzonta ba. Idan an zalunce ka, ka nemi haƙƙinka ta hanyar da ba za ta ƙona naka ba. Ku tura wa wanda kuka san zuciyarsa na tafasa a kan wani, ko Allah Ya sa ya sauke tukunyar tun ba a raba ba.