Dirkar da Aka Kafa da Ɓawonta

'Yan'uwana mata, ina gaishe ku cikin sunan Ubangiji. An ce ni zan kawo darasin ajinmu na wannan Lahadi. Na rubuta shi a takarda ne don na san halina, in na tsaya gaban mutane nakan manta abin da na zo faɗa. Ku yi haƙuri da rubutun. Ga misalin.

A wani ƙauye an yi wata mata mai tsabta ƙwarai, ana ce mata Uwar Tabita. Tana zaune da mijinta, wanda manomi ne, da kuma mahaifiyarsa, tsohuwa wadda idanunta suka daɗe da mutuwa. Tsohuwar ba ta zuwa ko'ina. Da safe a shimfiɗa mata tabarma a tsakar gida, ta zauna tana ɓarar gyaɗa, in rana ta cim mata ta ja tabarmarta ta bi inuwar katanga. Sai ɗan ya ce zai yi wa uwarsa rumfa ta huta da wannan ja-in-ja da rana.

Matar ta ce, "Baban Tabita, kada ka wahala neman itace. Mangwaron babana ya bushe, yayana ya sare shi. Zan aika a kawo mana dirkoki daga gidanmu."

Akwai dalilin da ya sa ta yi saurin faɗin haka. Ranar da aka kawo ta gidan tana amarya, ta ji wata cikin dangin miji tana cewa, "Gidansu ko tsintsiya ba su haɗo ta da ita ba." Shekara goma sha biyu maganar tana ci mata rai. Yanzu ga dama ta samu, za a ga abin gidansu tsaye a tsakar gidan miji.

Aka kawo dirkoki huɗu a amalanke, masu kauri, da ɓawonsu. Mijin ya juya su ya ce, "Bari in ɓare ɓawon nan tukuna, in babbake su a wuta, su sha rana sati biyu, in shafe su da baƙin mai. Haka Baba yake yi."

Ta ce, "Haba, Baban Tabita! Jibi fa matan zumunta za su zo addu'a gidan nan. A rana za su zauna? Ko don itacen gidanmu ne shi ya sa sai an yi masa wanka?"

Mutumin ba ya son doguwar magana. Ya haƙa ramuka, ya kafa dirkokin yadda suka zo, ya gicciya itatuwa a sama, ya ɗora zana. Mata suka zo addu'a, suka zauna a inuwa, suka yaba. Ita kuwa duk wadda ta tambaya sai ta ce, "Ai daga gidanmu aka kawo itacen." Har wadda ba ta tambaya ba ma ta ji.

Tsohuwa ta sami wurin zama. A nan take wuni, ta jingina bayanta da dirkar gabas.

Bayan 'yan watanni, wata safiya Uwar Tabita tana shara sai ta ga wani gari a gindin dirkar nan, kamar an zubar da dusa. Ta share. Kashegari ga shi kuma. Ta duba ko gara ce, amma gara takan gina hanyarta ta ƙasa a jikin itace, nan kuwa babu ko ɗaya. Garin daga cikin itacen yake zubowa. Ta waiga hagu da dama, ba kowa, ta share da sauri ta watsa bayan katanga. Daga ranar ta riƙa riga kowa tashi, don ta share kafin mijinta ya fito.

Wata rana da tsakar rana, gari ya yi tsit, tsohuwa ta kira ta.

"Uwar Tabita, zo ki sa kunne a nan."

"Me ya faru, Mama?"

"Akwai mai cin abinci a cikin itacen nan. Ƙaras, ƙaras, tun safe. Ni da shi muke wuni, shi yana ci ni ina saurare, ko tayi bai taɓa yi mini ba."

Matar ta yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ta ce, "Kai, Mama! Ƙarar gyaɗarki ce kike ji."

Da damina ta kama, sai ramuka suka fara bayyana a jikin dirkar, ba zagayayyu sosai ba, masu ɗan tsawo kamar ƙwayar wake, wani ma ɗan yatsa zai shiga. Ta kwaɓa laka, ta toshe su ɗaya bayan ɗaya da babban yatsanta, ta shafe wurin da jar ƙasa har ya saje da ɓawon. In ka gani sai ka ce dirkar lafiyarta lau.

Ana nan, wani yammaci wani ƙwaro ya faɗo kan zanen tsohuwa. Ta lalube shi ta kama. Tsawonsa ya kai ɗan yatsa, bayansa da tauri, launinsa kamar na busasshen ɓawo. Yana da ƙahoni biyu sirara masu gaɓa-gaɓa, sun fi jikinsa tsawo, sun lanƙwasa baya. Da ya ji an riƙe shi sai ya fara wani ɗan kuka, tsi-tsi-tsi. Tsohuwa ta bi ƙahonin da yatsa tun daga gindi har ƙarshe, ta ce, "Yawwa. Ga mai gidan ya fito. 'Yata, kin san wannan?"

"A'a, Mama."

"Wannan shi ke kashe mangwaro. Uwar takan saka ƙwai a tsagar ɓawo, ƙwan ya zama farar tsutsa mai ƙaton kai, ta shige ciki ta yi ta ci, shekara ɗaya, wani lokaci fiye. Ba ta taɓa bayan itace, ciki take ci. Sai ta ƙoshi ta zama irin wannan, sa'an nan ta huda ta fito. In kin ga rami, to an gama ɓarna ke nan. Ki gaya wa mijinki ya ƙwanƙwasa dirkokin nan. Wadda ta yi amo kamar ganga, a cire ta a ƙone ta ƙurmus, kada ma a ajiye ta cikin itacen girki, don sauran za su fito su bi wani itacen. Duba mini da kyau, shi ne ko?"

Ta miƙo hannu. Uwar Tabita ta karɓi ƙwaron. Ta dubi ƙahonin nan dogaye, ta dubi idanun tsohuwa farare da ba sa ganin komai. Ta tuna matan da ta gaya wa daga gidansu aka kawo itacen. Sai ta ce, "Fara ce, Mama."

"Fara?"

"Fara ce, irin babbar nan."

Ta jefa shi a murhu. Tsohuwa ta ce, "To," ta ci gaba da ɓarar gyaɗarta.

Kaka ta yi, Allah ya ba da masara mai yawa. Kun san yadda muke yi, a kan rumfa ake shanya ta don kada awaki su ci. Mijin ya tsaya da kwando a ka, ya ce, "Uwar Tabita, dirkokin nan za su ɗauka kuwa?"

Saura kaɗan ta faɗi gaskiya. Amma ƙanen mijin yana tsaye a wurin da matarsa, sun zo taya aiki. Ta ce, "Itacen gidanmu ne fa. Ɗora."

Ya ɗora. Kwando ashirin da wani abu.

Rana ta uku, tana bakin rijiya, ta ji ƙara kamar an fasa ƙaton tulu, sa'an nan ta ji muryar tsohuwa. Ta yar da guga ta ruga. Dirkar gabas ta karye a tsakiya, rumfa ta kife, masara ta rufe tsohuwa har ƙirji, ƙaton itacen da ke gicciye a sama ya danne mata ƙafa.

Maƙwabta suka cika gidan. Aka ɗaga itacen, aka jawo ta, aka aika a kira mai ɗori. Dirkar kuwa tana kwance a buɗe, kowa yana gani. Cikinta duk hanyoyi ne cike da gari, ga fararen tsutsotsi suna motsi, kaji suna rububinsu a gaban jama'a. Mijin ya durƙusa yana dubawa. Ya ga wani abu ja ya faɗo daga jikin ɓawon, ya ɗauka. Busasshiyar laka ce, da shatin yatsa a jikinta. Ya ɓanɓaro wata, ya ɓanɓaro wata, har guda tara. Ya jera su a tafin hannunsa. Bai ɗaga murya ba, ya ce, "Wa ya toshe waɗannan?"

Matan da suka taɓa zama a inuwar rumfar suna nan tsaye. Uwar Tabita ta ji da ma ƙasa ta tsage ta shige. Ta rarrafa zuwa inda tsohuwa take kwance, ta kama hannunta, ta ce da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Ni ce. Mama, ba fara ba ce. Ƙarya na yi miki."

Tsohuwa tana nishi, ta ce, "Na sani, 'yata. Tun ina yarinya nake kama fara, ba zan san fara ba? Na yi shiru ne don kada in kunyata ki gaban mijinki. Ni ma ga abin da shiruna ya saya mini."

Ƙafar ta ɗoru, amma a karkace. Tsohuwa ba ta ƙara tashi da kanta ba sai an ɗaga ta. Uwar Tabita ce take ɗaga ta, safe da yamma, har ƙarshen ranta. Mijin ya tumɓuke dirkokin huɗu duka, ya ƙone su a bayan gari.

To, ga abin da misalin nan yake nufi, gwargwadon yadda Allah ya ba ni ganewa.

Rumfar nan gidajenmu ne, da duk waɗanda suke zaune a ƙarƙashinmu suna tsammani mun riƙe su. Tsutsar zunubi ce, irin wadda ba ta son a gan ta, tana ci daga ciki, waje kuwa lafiya lau. Ɓawon da aka bari shi ne son a yabe mu, a nan ne ake saka ƙwan. Garin da yake zubowa kullum safiya, wannan jinƙan Ubangiji ne. Yana nuna mana tun da sauran lokaci. Ba ya barin gida ya faɗi bai zubo da alama ba. Amma mu mata mun iya shara. Mun iya kwaɓa laka. Tsohuwar kuma ita ce duk wani mai gaskiya da Allah ya ajiye kusa da mu, wanda muke rainawa don muna ganin ba ya gani. Ku lura kuma, ita ma da ta yi kara ta yi shiru, ba ta tsira ba. Karar da za ta bar rumfa ta faɗa wa mutum ba ƙauna ba ce.

Matar nan ba muguwa ba ce, shi ne abin da yake ba ni tsoro. Tana son surukarta. Kunya kawai take gudu, ƙaramar kunya ta gaban mutum uku. Ta guje ta, ta je ta sha babba gaban gari duka, kuma wadda ba ta ci ba ba ta sha ba ita ta biya da ƙafarta.

'Yan'uwana, da na so in tsaya a nan. Sau biyu ina ninke takardar ina buɗewa. Amma in na tsaya a nan, na sake kwaɓa laka ke nan.

Kun san babban ɗana, Irmiya. Na tambaye shi kafin in rubuta wannan, ya ce in faɗa. Na daɗe ina tsintar kwalaben maganin tari a ƙarƙashin katifarsa, shi kuwa ba ya tari. Ina ɗaukewa in jefa a masai kafin babansa ya gani. In ya yi barci har azahar, in ce zazzaɓi ne. Wata 'yar'uwa a cikinku, tana zaune a nan yanzu, ta taɓa jawo ni gefe bayan sujada ta ce ta gan shi a inda bai kamata ba. Na ce mata ba ɗana ta gani ba, na daina gaishe ta wata biyu. 'Yar'uwa, ki gafarta mini. Shi kika gani.

Ranar Talatar nan da ta wuce na ajiye kwalba ɗaya a gaban babansa. Ya daɗe yana kallonta. Na ɗauka zai yi faɗa, da ma faɗan ya yi. Tambaya ɗaya ya yi mini, "Tun yaushe kika sani?"

Na ce, "Tun bara."

Ya ce, "Shekara guda, Rahila. Da mu biyu muke ɗauke da shi."

Gobe da safe mu uku za mu je asibiti a cikin gari. Ban san abin da za su ce mana ba, ban san ko mun makara ba, ina jin tsoro ƙwarai. Ku sa Irmiya a addu'a da sunansa, ba sai kun ce "wani yaro" ba. Ke kuma da kike sauraro, kin kuwa san abin da kike ɓoyewa a gidanki, kada ki jira wata Lahadi. In an tashi, ki kama hannun wata a bakin ƙofa ki gaya mata. In kin rasa wadda za ki fara da ita, ga ni, ba ni da bakin da zan yi miki dariya.

Mu yi addu'a.