Shaidar da Magatakarda Ya Nema

A shekara talatin da na yi ina rubuta bayanan kotu, ban taɓa ganin mai ilimi ya ɗaure kansa da bakinsa kamar magatakardan wata jami'a ba.

Ɗalibai ne suka kai ƙara, domin shekara biyu ke nan ana ɗage musu jarrabawar ƙarshe, har sa'o'insu sun gama bautar ƙasa.

Magatakarda ya gyara babbar riga, ya ce, "Ya Mai Shari'a, jinkiri ba ya cutar da kowa sai wanda zai ci. Su kawo shaidar cewa da an yi jarrabawar, da sun ci."

Alƙali ya ce, "Wannan magana ce. Ina shaidarku?"

Barira, wakiliyar ɗalibai, ta russuna. "Malamanmu sun rubuto cewa muna da ƙoƙari."

"Malamai?" in ji magatakarda. "Yarinya, babu mai tabbatar da cin ɗalibi sai jami'a, ita ma sai ta zaunar da shi ta jarraba shi!"

"Na gode, Baba. Ya Mai Shari'a, ashe shaidar da yake nema tana hannunsa. A umarce shi ya kawo ta."

Alƙali ya dubi kalanda. "Litinin, ƙarfe takwas. Magatakarda, a tanadi kujerun jarrabawa."